Tambarin da ke Wuyan Taguwar Habu

Liman yana sallame sallar asuba muka bar Manfuha, unguwarmu a Riyad, wata Juma'a a ƙarshen sanyi, mu uku cikin wata tsohuwar ƙaramar mota da ta sha duniya. Mai motar dattijo ne mutumin Kano, ya riga mu zuwa Riyad nesa ba kusa ba, kuma da ita yake ɗan kabu-kabunsa. Na biyun ɗalibin jami'a ne, mun ɗauko shi saboda Larabcinsa. Ni kuwa kun san ni, direban wani ofis ne a unguwar Ulaya, kuma ni ne mai matsalar.

Da yawanku kun ga hotunan ciyawa da furanni da na saka, kuna ta tsokanata wai na samu wuri har ina yawon shaƙatawa. Wallahi ba shaƙatawa ba ce ta kai ni. Ina da ƙane, Habu, ɗan goggona, yana kiwon raƙuman wani Balarabe a dajin Summan, arewa maso gabas da Riyad. Ya saba kiran gida duk Juma'a, sai aka ji shi ɗif tun shigowar sanyi. Ana cikin haka wani da ya koma gida daga nan ya ce ya ji labarin wani makiyayi baƙar fata ya rasu a daji. Kafin maganar ta gama zaga ƙauyenmu da ke wajen Gumel, mamacin ya zama Habu. Goggo ta daina cin abinci, sai ruwa da kyar. Dattawa suka fara shawarar a shimfiɗa tabarmar makoki, matarsa ta shiga takaba. Na roƙe su su dakata in je in gani da idona. Lambar kafilinsa, wato ubangidan da ya kawo shi, ba ni da ita, sunansa ma rabi na riƙe. Abin da ke hannuna kawai sunan wani ɗan ƙauye da Habu ya taɓa ambata, sai hoto guda da ya turo min yana rungume da wuyan wata taguwa, wato macen raƙumi, yana washe baki.

Fita daga Riyad ta ba mu wahala fiye da yadda muka zata, don aikin jirgin ƙasa na cikin gari ya farfasa tituna, ko'ina shinge da kwana. Da muka samu babbar hanyar gabas sai mota ta miƙe. Mun tsaya wani gidan mai muka cika tanki, kuma har yau abin yana ba ni dariya, a ƙasar nan ruwan gora ya fi fetur tsada. A gefen gidan man akwai wani ɗan Afganistan mai gasa tamis, burodin nan mai faɗin faifai. Muka ci shi da zafinsa da dafaffen wake da shayi mai madara. Dattijonmu ya cinye nasa ya taya ɗalibin, yana cewa mai karatu ba ya son nauyin ciki.

Bayan mun wuce garin Rumah duniya ta fara buɗewa. Da farko jan yashi ne tuddai-tuddai, iska tana kwaso shi tana shimfiɗawa a kan kwalta. Daga nan ƙasa ta baje, babu dutse babu bishiya, sai fili iya ganinka. An yi ruwa sosai a bana, don haka duk inda ƙasa ta ɗan lotsa sai ka ga ciyawa shar, da furanni rawaya da shuɗi-shuɗi masu ƙamshi. Ni da na shekara da shekaru ina ganin Saudiyya ta tagar mota tsakanin Manfuha da Ulaya, ban taɓa sanin tana da irin wannan fuskar ba. Sai ka yi tafiya mai nisa ba ka haɗu da mota ko ɗaya ba, sai allon gargaɗi mai hoton raƙumi. Da ba don abin da ke cikin raina ba, da na ji daɗin hanyar nan ƙwarai.

Da hantsi muka isa ƙauyen. Ƙauye dai sunansa, amma gidajen ba su kai na layinmu guda a Manfuha ba. Akwai masallaci, da makaranta, da ɗan asibiti, da gidan mai mai famfo biyu, da kanti ɗaya da ke sayar da komai, daga batir har abincin tumaki. Titin da ya ratsa tsakiya yana da fitilu jere reras, an dasa masa 'yan itatuwa ana ba su ruwa da siririn tiyo, alhali ba ka ganin mai tafiya a kai sai wata mage. A ƙarshen titin ga wani gini mai launin ƙasa da koriyar tuta a samansa. Ɗalibin ya karanta allon ya ce markaz ne, wato ofishin hakimin yankin, kusa da shi kuma ga reshen baladiyya, masu kula da ruwa da shara da hanya.

Ya ce mu shiga mu tambaya. Dattijonmu ya dube shi kamar ya zagi iyayensa.

"Kai yaro, da ƙafarka za ka kai kanka gidan tuta? Na fi shekarunka a ƙasar nan, ban taɓa shiga ba sai an kira ni."

Ni ma na goyi bayansa, kuma duk wanda ya zauna a nan zai gane dalili. Mu baƙi, ko iƙamarka, wato katin zamanka, sabuwa ce fil a aljihu, in ka hango gini mai tuta sai ka ji ƙafarka ta tsallaka titi da kanta. Ga kuma abin da muka taso da shi a gida: sakatariyar ƙaramar hukuma, in ka je ranar aiki ma sai ka tarar da awaki a baranda, shugaban yana can babban birni. To balle ranar Juma'a a tsakiyar daji. Muka yanke cewa ko dai babu kowa a ciki, ko kuma akwai wanda zai tsare mu da tambayoyi har rana ta faɗi. Muka zagaye ginin ta baya kamar masu laifi.

A gidan mai muka tambayi mai zuba fetur, wani ɗan Bangaladash, ko ya san Habu ɗan Nijeriya. Ya girgiza kai. Ya ce makiyaya baƙaƙe suna da yawa, kuma a nan duk 'yan Sudan ake ce musu. Ya nuna arewa da haɓa ya ce garkuna sun bi ruwa can. Sannan ya kalli motarmu, ya kalli tayoyinta, ya kalli 'yan gorunan ruwanmu a kujerar baya, ya ce kada mu sauka daga kwalta. Muka yi masa godiya, muka sauka daga kwalta.

Da farko abin ya yi daɗi, ƙasa mai tauri, sawun motoci a bayyane. Can sai sawun ya rabu biyu, kowanne ya sake rabuwa, har muka rasa wanda muke bi. Mun ga garke biyu daga nesa, muka nufi ɗaya, muka tarar da raƙuma su kaɗai babu makiyayi, suna kallonmu suna tuƙa. A wajen juyowa ne motar ta faɗa wani lallausan yashi ta zauna daram. Muka tura, muka tona da hannu, muka cusa tabarmin ƙafa ƙarƙashin taya, ita kuwa sai ƙara nutsewa take. Na duba waya, babu sabis ko ɗigo. Na duba gabas da yamma, babu abin da ya fi mu tsawo. A nan ne tsoro ya kama ni sosai, na ce a raina yanzu Goggo za ta rasa biyu ke nan. Ɗalibin ya koma gefe yana ta addu'o'i, dattijon kuwa ya zauna a inuwar motarsa yana ba ta haƙuri.

Rana ta kusa tsakiya muka hango ƙura tana tahowa. Wata farar a-kori-kura ce irin ta daji, da tambarin hukuma a ƙofarta. Wani siririn mutum mai jan rawani ya sauko. Kafin ya buɗe baki dattijonmu ya zaro iƙamarsa yana miƙa masa da hannu biyu. Mutumin ko kallon katin bai yi ba. Ya ce, "Salamat, salamat," wato sannunku, ya miƙo mana ruwa mai sanyi, ya durƙusa ya rage wa tayoyinmu iska, ya ɗaura igiya ya fizge mu waje kamar an cire ƙaya. Sannan ya ce mu bi shi, hakimi yana jiranmu.

A hanya dattijonmu sai salati yake ta yi. Daga baya ne muka ji yadda aka yi. Ashe ƙa'ida ce a yankin, duk ƙaramar motar da ta shiga daji da baƙi, mai gidan mai zai sanar da markaz, in an ga shiru ba su fito ba sai a bi sawunsu. Kuma hakimin da kansa ya gan mu ta tagar gidansa lokacin da muke zagaye ofishinsa ta baya.

Mun samu sallar Juma'a da kyar. Duk jama'ar yankin da suka zo, har da waɗanda suka taho daga tantuna masu nisa, ba su cika rabin masallacin ba. Bayan an idar aka wuce da mu wani dogon zaure a jikin gidan hakimin, an shimfiɗa darduma, matasai jingine da bango. Hakimin dattijo ne mai furfura a gemu, ba shi da jiki, muryarsa ƙasa-ƙasa. Ya tashi tsaye ya gaisa da mu ɗaya bayan ɗaya, ya zaunar da mu kusa da shi. Aka fara zagayawa da gahawa a 'yan mitsi-mitsin kofuna, da dabino. Na yunƙura zan faɗi abin da ya kawo mu, ya ɗaga hannu ya ce in sha tukuna. A wurinsu ba a tambayar baƙo buƙatarsa sai ya huce.

Ina zaune ina kallon yadda ake mulkin wurin. Ofis a rufe yake ranar Juma'a, amma aikin bai san da haka ba. Wani ya ce yashi ya rufe hanyar rijiyar gabas, hakimin ya juya ga shugaban baladiyya, wani matashi mai tabarau da ke zaune a ƙarshen layi, ya ce motar share hanya ta je da safe. Wani tsoho ya kawo ƙarar raƙuman maƙwabcinsa da ke kwana a kan kwalta, aka yi ta musu, maƙwabcin yana nan zaune yana cin dabino, daga ƙarshe ya yarda zai matsar da su. Wani kuma ya ce sun ƙaura da tantinsu, motar makaranta ba ta san sabon wurin ba, 'ya'yansa mata sun rasa karatu. Nan take aka kwatanta wa direban, don shi ma yana cikin zauren. Babu wanda ya ce a dawo gobe. Kowa ya san kowa har kakansa, kuma na lura wanda ya fi kowa ɗaga murya shi ne ya fara tashi ya zuba wa abokin musunsa gahawa.

Sai da aka ci shinkafa da naman rago a babban faranti, muka wanke hannu, sannan hakimin ya dube ni ya ce, "To, ɗana, me ya kawo ku?"

Ɗalibinmu ya gyara zama ya kwararo Larabcin littafi, tiryan-tiryan kamar mai huɗuba. Tsofaffin suka yi ta murmushi, wani ya ce a ba shi limancin mako mai zuwa. Amma da ya kai wurin maganar Goggo da tabarmar makoki, sai aka daina murmushin.

Hakimin ya ce, "Babu wanda zai mutu a ƙasar nan ban sani ba, ɗan gari ko baƙo. Wanda ya rasu cikin sanyin nan, Allah ya jiƙansa, ni na tsaya a kansa har 'yan uwansa suka zo. Dattijo ne, kuma ba mutumin ƙasarku ba ne."

Na ji wani abu ya sauka daga ƙirjina, amma bai gama sauka ba. Na faɗi sunan Habu, babu wanda ya sani. Na faɗi rabin sunan kafilin, suka ce masu wannan suna sun fi a ƙirga. Sai na fito da waya na nuna hoton, ina nuna fuskar Habu da yatsa. Hakimin ya karɓa, ya ture yatsana a hankali, ya buɗa hoton wajen wuyan taguwar. Akwai wani tabon wuta a wurin, zobe da 'yan sanduna biyu a ƙarƙashinsa. Na kalli hoton nan ya fi sau nawa, ban taɓa lura da shi ba. Wasam suke kiransa, kowane gida da nasa tambarin, kuma a nan da shi ake neman mutum, ba da sunansa ba.

Wayata ta shiga zagaya zauren hannu zuwa hannu. Wani ya ce na gidan wane ne, wani ya ce ina, nasu sandunan a sama suke. Wani tsoho da ya ce idonsa ya mutu ya karɓa ya kai ta dab da hancinsa, ya rantse ya san uwar taguwar. Aka yi ta cacar baki har na fara tsoron a manta da Habu a koma tarihin raƙuma. Daga ƙarshe bakinsu ya zo ɗaya a kan wani gida. Shugaban baladiyya ya ce tankar ruwan wannan garken tana ɗiba a rijiyarsu ta arewa, kuma ko a makon nan ta zo. Hakimin ya juya ga mai jan rawanin da ya ceto mu ya ce ya kai mu, motarmu kuwa ta huta, ta yi iya nata.

Tafiyar ta yi nisa, kuma babu hanya, amma mutumin yana tuƙi kamar a kan layin gidansu. Muka ratsa wani kwari da ciyawa ta kai gwiwa. Muka wuce wasu iyalai sun kafa tanti suna tonon wani abu kamar dankali da ke fitowa bayan ruwan sama, suka tsayar da mu sai da suka cusa mana cikin leda. Bayan la'asar muka hango garke, da wata tsohuwar tanka, da ɗan ɗakin ƙarfe mai taya. Wani mutum yana tsaye da bokiti yana kare ido da hannu.

Tun kafin mota ta tsaya na gane tsayuwarsa. Na diro ina kiran sunansa. Ya saki bokitin.

"Yaya? Kai ne? Lafiya? Wa ya rasu?"

Na ce, "Kai ne ka rasu, ja'iri."

Na rungume shi ina kuka ina dariya, shi kuwa yana ta tambaya me ya faru. Mamacin namu har ƙiba ya yi, nonon taguwa ya karɓe shi, kumatu sun fito. Ashe wayarsa ce ta faɗa kwamin shan ruwan raƙuma ta mutu, a makon kuma suka tashi suka bi ciyawa. Ya ba wani direban tanka saƙo ya kira ni, ya ɗauka saƙon ya isa, yana nan hankalinsa kwance yana jiran kafilinsa ya kawo masa sabuwa. Ba zan ce muku zaman nasa mai daɗi ba ne. Mutum shi kaɗai da dabbobi, sai ya yi kwanaki bai ji muryar ɗan Adam ba. Da na gaya masa halin da Goggo ke ciki, sai ya zauna a ƙasa ya rufe fuska da hannu.

Babu sabis a wurin. Mai jan rawanin ya ce mu hau, ya kai mu wani ɗan tudu da aka kafa tsohuwar taya a kansa aka shafa mata farin fenti. Ya ce baladiyya ce ta sa alamar, don nan ne kaɗai waya ke kamawa a duk faɗin wurin. Muka tsaya jikin tayar, na kira gida, matar Habu ta ɗauka. Da ta ji muryarsa sai ta saki ihu, muka ji gudunta, muka ji ana cewa a kai wa Inna, a kai wa Inna.

Habu ya ce, "Inna, ni ne. Ni ne Habu."

Can sai ga muryar Goggo, siririya kamar ba tata ba.

"Habu, ka ci abinci kuwa?"

Ni na karɓi wayar na ce ya ci, Goggo, har ya fi ni ƙiba, ke ce aka ce ba kya ci. Ba ta kula ni ba. Sai muka ji ta juya tana ce wa matarsa, "Ke, ɗumamo min tuwon nan." Dattijonmu na Kano, wanda tun safe bai yi maganar kirki ba, ya juya baya yana goge ido da hularsa. Mai jan rawanin ba ya jin Hausa, amma shi ma ya ce Alhamdu lillahi.

Na bar wa Habu tsohuwar wayata da ke cikin jaka. A ɗakin baƙi na markaz muka kwana, a cikin ginin nan mai tuta da muka zagaye ta baya. Da safe hakimin ya ce ya yi magana da kafilin Habu, an yarda duk Juma'a za a kai shi tudun taya ya kira gida, kuma in an sake jin shiru in kira markaz kai tsaye. Dattijonmu ya yi ƙoƙarin ba mai jan rawanin ɗan abin goro, mutumin ya ɓata rai har sai da muka ba shi haƙuri. Suka cika mana but ɗin mota da dabino, suka raka mu har bakin kwalta.

Da azahar muka shigo Riyad, cunkoso da hon suka tarbe mu, Manfuha tana nan da warin soye-soyenta da yaran da ke ƙwallo a lungu. Abin da na koyo a tafiyar nan ba shi da yawa, amma ya shige ni. Tsoron da muke yi wa hukuma yana da dalilinsa, ban ce a yar da shi duka ba, amma ranar nan ya kusa kashe mu a banza, alhali amsar tana cikin ginin da muka guje wa. Na kuma ga cewa ana iya mulkin wuri ta hanyar sanin mutanensa ɗaya bayan ɗaya, har da baƙon da ke bin raƙuman wani. Ina yi wa mutanen ƙauyen nan addu'a, da mai zuba fetur da ya kai ƙararmu, Allah ya saka musu da alheri.

Juma'ar da ta biyo baya ina kwance bayan la'asar wayata ta yi ƙara. Goggo ce da kanta, murya ta dawo garau. Ta ce yanzu suka gama magana da Habu, kuma tabarmin da aka aro don makoki an mayar wa masu su.